Teburina da Teburin Haruna

Ku samarin fada da kuke cewa aikinmu ba aiki ba ne, wai danna waya ne kawai, ku gyara zama in ba ku labarin waya guda. Wani manomi ne daga Shikal ya kawo mini ita ranar Lahadi, naɗe cikin leda biyu. Ɗansa ne ya aiko masa da ita daga Libiya, babba, irin ta shafawa. Ya ce in sa masa waƙa. Na jona kabul, odinata, wato kwamfuta, ta ƙi ganin ta. Na canja kabul, ta gan ta, amma cikin wayar ya cika maƙil da hotunan ɗan da abokansa a bakin teku, rubutunta kuma duk Larabci. Sai da na juya ta Faransanci, na kwashe hotunan na mayar cikin kart memuwar, ɗan katin ajiya na waya, ba tare da ko ɗaya ya ɓace ba, don in ɗaya ya ɓace tsohon nan ba zai yafe mini ba har abada. Sannan na zuba waƙoƙi. To, a nan aikin ya fara. Mutumin bai yi boko ba, yatsunsa kuma sun yi kanta saboda hauya, in ya shafa gilashin wayar ba ta ko motsi. Na kwashe duk alamomin da ke fuskarta na bar guda ɗaya tak, na kama ɗan ƙaramin yatsansa na ɗora, na ce, "Baba, da wanga za ka riƙa taɓawa, shi ne bai mutu ba." Sau goma sha muna maimaitawa, rana na dukan laima, mutane na jira. Da ya iya, ya ba ni abin da bai wuce kuɗin shayi ba, ya tafi yana murna. Wannan shi ne danna wayar da kuke faɗi.

Sunana Isuhu. Shekarata sama da ashirin a kasuwar Filinge, layin masu goro, ina sa wa mutane waƙa. Kayan aikina ga su nan, ba ɓoyayyu ba ne: odinata, dis ɗin da waƙoƙin ke ciki, ɗan lektar na karanta kart, damin kabul iri-iri, pano mai ɗaukar hasken rana da batir don ranar da babu wuta, da bafil biyu, wato lasifika, na kiran kasuwa. Akwai kuma tsohon buroshin haƙori da allura, don rabin wayoyin da ake cewa sun mutu, yashi ne ya toshe musu baki.

Kowane kart da halinsa. Akwai na jabu, a rubuta masa girma a jiki, ka zuba waƙa ɗari ya haɗiye, mai shi ya isa gida ya tarar ashirin ke tashi, ya dawo mako mai zuwa yana kiran ka macuci. Akwai wanda ya yi yawo a hannun mutane ya kwaso birus, ciwon na'ura, kana jona shi duk dosiyen da ka jera waƙoƙi ciki su koma hoto, ka danna babu komi. Sauke waƙa daga intanet kuwa, ku da kuke da rezo, wato layi, a cikin gari kuna ganin abin wasa ne. Ni da sassafe nake zuwa gindin antenar waya kafin gari ya tashi ya cinye layin. Waƙa ta kusa gamawa ta yanke, ka sake daga farko, megan da ka saya na ƙonewa. Ta sauka, ka buɗe, ka tarar sunan daban, muryar daban. Wata kuma ta tashi a babbar waya amma ƙaramar waya ta ce ba ta san ta ba, sai ka juya ta zuwa irin da take ganewa. Sannan ka san mutanenka. Direba yana son mai tsawo wadda za ta kai shi Balleyara bai taɓa waya ba. Malam yana son karatu da wa'azi, in kuskure ya sa kiɗa guda ya shiga ciki, ka rasa shi da almajiransa da gidansa duka. Bazabarme da nasa, Bafillace da nasa, Buzu yana son gita. Lokacin da mutanen Mali sunka cika Abala, sai da na koyi kiɗan da ban taɓa ji ba.

Amma ni ba da odinata na fara ba. Da kaset na fara, wajen Baba Gado. Mu biyu ne ƴan koyo, ni da Haruna, sa'ana, ɗan unguwarmu, wanda teburinsa ke kallon nawa har yau, taku goma sha biyu tsakani. Na auna.

Baba Gado yana da rediyo mai baki biyu, ka sa uwar kaset a ɗaya, ka sa farar a ɗaya, ka danna maɓalli biyu lokaci guda. Shekarata ta fari bai bar ni na danna ba. Aikina goge kan rediyo da auduga, da naɗe kaset da biro in ya zazzago, da liƙe wanda ya tsinke da jan farce na mata. Hannuna ya fi na Haruna nesa. Ni ke kwance rediyon in canja roba in mayar, ko dunƙulen sukuru ɗaya ba ya saura. Haruna kuwa in an ba shi kaset ya gyara, sai ka tarar ya sa a kunne yana saurare, aiki na jiran sa. Sau nawa Baba Gado yana dungure masa kai.

Tsohon yana da wata ɗabi'a tun yana saurayi. Duk inda ake buki ko kokowa ko kiɗan noma a ƙasar Kurfai, sai ya rataya ɗan rikoda ya tafi. Luma, Tukunus, Shikal, har Sanam. Ya ɗauko masu goge da masu kalangu da matan da ke waƙar daka, mutanen da ko sau ɗaya ba su taɓa shiga rediyo ba. Haruna ke bin sa da jakar batir. Ni a bar ni tsaron shago, wai ni ne mai hankali. Kaset ɗin nan ba mai sayen su a lokacin. Kowa na Najeriya yake so da na Indiya. Sai a jefa su cikin wani akwatin ƙarfe kore, a tura ƙarƙashin benci.

Da kunnen Baba Gado ya fara nauyi, ya ce ya bar sana'a. Ya kira mu ranar wata Litinin, kasuwa ta watse. Ya ce, "Isuhu, kai ne mai hannu, ɗauki rediyo da bafil. Haruna, kai kuma ga akwatinka." Na sunkuyar da kai don kada a ga haƙorana. Rediyo mai baki biyu! Har na ji tausayin Haruna da na gan shi yana jan akwatin nan a baro, ƙarfe na kuka.

Shekara nawa rediyon ya yi mini? Ba su kai biyar ba. Faifan sidi ya zo, bayan shi kart memuwar, rediyo ya koma mazaunin kaji a gidana. Na sayar da rago biyu na sayi tsohuwar odinata a Yamai, na koyi abin da kaina, da ɗan Faransancin da na tsinta a aji huɗu. Haruna ma ya sayi tasa, ba ta kai tawa ba. Amma shi ya ɗauki akwatin nan ya tafi Yamai, ya yi wata guda wajen wani mai studiyo, anka juye masa kaset ɗin duka cikin dis. Ya yi sa'a ƙwarai, don damina biyu bayan nan ɗakinsa ya yi yoyo, kaset ɗin sunka manne sunka mutu. Amma muryoyin sun riga sun tsallake.

Daga nan kasuwa ta juya mini baya a hankali, ina kallo. Abin da nake da shi, kowa na da shi. In sabuwar waƙa ta fito Kano yau, jibi tana wayar kowane yaro, su tura wa juna kyauta a gindin bishiya. Abin da Haruna ke da shi kuwa babu shi ko'ina a duniya, ko ka ƙone mega na shekara ba ka sauke shi. Bayan girbi, in samari za su tafi cin rani Abijan da Kwatano da Libiya, sai ka ga layi gaban teburinsa har bakin masu tabarmi. Kowa na son ya tafi da gida a aljihu. Wani ya zo wajena, in cika masa waya da sababbi, in goge masa gilashi, in gyara masa bakin caji kyauta, ya ce, "Madalla Isuhu," ya tsallaka taku goma sha biyun nan ya tsaya layi. Ina jin su suna dariya can, ana cewa wane ne wannan ke kirari, wancan kakan wane ne anka kayar.

Haruna ya canja laima, na gani. Ya sayi pano babba, na gani. Ya sayi moto ja, wato babur, ranar da ya kawo ta na ce masa Allah ya tsare, na koma na zauna na rasa abin da nake nema cikin odinata. Ranar da wani babban ma'aikaci ya zo daga Yamai, ya fito mota ya wuce ta gabana, takalminsa ya taɓa kabul ɗina, ya je ya zauna bencin Haruna awa guda, ranar ko abincin rana ban ci ba. Na ƙara ƙarar bafil ɗina har masu goro sunka yi mini magana.

Na taɓa aika wani ya sayo mini waƙoƙin akwatin nan a kart. Haruna ya gane. Ya sa masa guda uku, ya ce, "Ka gai da Isuhu." Ba ya ba mutum ɗaya da yawa, biyar ko shida, waɗanda sunka shafi garinsu. Kuma a farkon kowace ya sa muryarsa: "Wagga daga teburin Haruna ta hito, kasuwar Filinge." Mun ci gaba da gaisawa, muna zuwa sunan juna da jana'izar juna, amma shayi bai sake haɗa mu ba.

Sai mummunar shekara ta zo. Kun san ta, wasunku a lokacin kunka baro ƙauye. Anka hana hawa moto, kasuwannin ƙauye sunka mutu ɗaya bayan ɗaya, wasu wurare antena ta daina aiki. Mutanen daji masu bindiga na tare hanya, su karɓi waya su duba. In sun tarar da kiɗa, mai ita ya sha bulala, in ya yi sa'a ke nan. Aikinmu ya juye. Da sa waƙa muke, sai ga shi muna cire ta. Mutum ya zo da wayarsa a ɓoye cikin hula, ya ce, "Goge mani duka, ka bar karatu kaɗai." Na ga dattijo yana kallon gilashi lokacin da nake gogewa kamar ana zare masa jijiya.

Wani Bafillace daga wajen Sanam ne ya fara buɗe mini ido, bai sani ba. Ya kawo kart a ƙulle a bakin rawani. Na jona, na ga waƙa shida masu lamba, irin lambar Haruna. Yatsana na kan gogewa. Na dubi teburin can, Haruna ya sunkuya yana aiki. Na buɗe sabon dosiye can ƙasan dis ɗina, na sa masa suna "Takardu", na kwafe su, sannan na goge. Bafillacen ya yi godiya.

Wata goma sha ina wannan. Duk kart ɗin da ya zo gogewa sai na tace shi. Na Luma ya kawo nasa shida, na Tukunus ya kawo nasa biyar, na Abala nasa. Har na riƙa rage wa mutane kuɗin gogewa don su zo wajena. Abin da Haruna ya rarraba kaɗan-kaɗan cikin shekaru, ni na tattara shi kamar mai kalar gero. Ina da ɗan abin yanka sauti cikin odinata. In na koma gida da la'asar, sai in buɗe kowace waƙa, in yanke muryarsa daga farko, ƙyat, in ajiye. Ban tsaya sauraren su har ƙarshe ba. Wasu rabin awa suke, wa ke da wannan lokaci? Ni dai in ga lamba ta ƙaru.

Da abubuwa sunka ɗan lafa, girbi ya yi kyau, samari sunka fara shirin tafiya, na ce yau ne. Ranar Lahadi, kasuwa ta cika, na juya bafil biyu suna kallon layin Haruna, na sa gogen Arzika na Luma, wanda duk Kurfai babu mai shi sai teburin can. Gogen na tashi, kawuna sunka juyo. Na ga mutum uku sun fita layinsa sun nufo ni. Sannan biyar. Wani ya ce, "Isuhu, ashe kai ma kana da shi?" Na ce, "Wa ya tsare shagon Baba Gado in ba ni ba?" Na shiga jona kabul. Na sa wa mutum huɗu, ina kan na biyar, gogen ya kai tsakiya inda Arzika ke sassautawa ya ja numfashi. Sai kiɗan ya yi ƙasa, murya ta fito daga bafil ɗina, da ƙarfin da na ƙure da hannuna:

"Wagga daga teburin Haruna ta hito, kasuwar Filinge. In ka ji ta wani wuri, ɗauko ta anka yi."

Ashe sau biyu yake sawa.

Masu goro ne sunka fara. Wata mai fura ta aje ludayi ta riƙe ciki. Dariyar ta bi layi har wajen mahauta. Na kai hannu in kashe, na danna ba daidai ba, abin ya koma baya kaɗan ya sake faɗi. Wanda wayarsa ke hannuna ya ce, "Cire mani, Malam Isuhu, bari in tahi wajen mai abin." Har yau akwai tsofaffin da in sun wuce teburina sai su ce, "Ɗauko ta anka yi," su wuce suna murmushi.

Da kasuwa ta watse ina naɗe kabul, sai ga inuwa a kan tebur. Haruna ne. Bai ɗaga murya ba.

Ya ce, "Nawa ka tara?"

Na faɗa masa. Ya girgiza kai, ya ce, "Ka yi aiki."

Na ce, "Akwatin nan tare munka yi mashi bauta. Kai ka bi tsoho yawo, ni na tsare shago."

Ya ce, "Gaskiya ne. Ai da ka tambaya."

Na ce, "Da na tambaya, ka ba ni?"

Ya ce, "A'a."

Ya juya ya tafi. Daga ranar ko gaisuwa ta koma ɗaga hannu.

Bayan kamar wata huɗu, ya shiga motar kasuwa zuwa Abala. Shi ba ya barin dis ɗinsa a gida, ba ya ba kowa ajiya, na aiki da na ajiya duk a jaka guda suke, jakar kuma a kafaɗarsa. Anka tare su a hanya. Sunka sauke kowa, sunka zazzage kaya. Da sunka ga odinata, ɗaya ya ce a kunna. Abin da ya fara fitowa kalangu ne. A gabansa sunka farfasa ta da gindin bindiga, da dis ɗin duka biyu, sunka yi masa bulala, sunka bar shi da ransa. Direban ne ya ba mu labari.

Na je gaishe shi, kamar kowa. Yana kwance rub da ciki, bayansa duk magani. Na ce Allah ya kiyaye gaba. A hanyar komawa gida ne abin ya faɗo mini: duk duniya yanzu ni kaɗai ke da akwatin Baba Gado. Ba zan yi muku ƙarya ba, ƙafata ta yi sauƙi a hanyar nan.

Mako uku bayan nan ya fito. Ƙaninsa na Yamai ya aiko masa da wata tsohuwar odinata, babu komi cikinta. Ya zo teburina da safe, yana tafiya a hankali. Ya ce, "Isuhu, na zo tambaya."

Na ce, "Dis ɗina ba ya jin daɗi kwanan nan. Ka bari sai Lahadi ta sama."

Ya dube ni, ya ce, "To." Ya koma ya zauna teburinsa, ya buɗe laima a kan odinatar da babu komi cikinta.

Lahadin nan na ci kasuwa irin wadda ban taɓa ci ba. Na bi waƙoƙin na yanke muryarsa ta biyu a waɗanda anka fi nema. Layi har bakin masu tabarmi, a gabana. Lahadi ta sama ta zo, na ce masa ta sama kuma. Ya gyaɗa kai ya koma teburinsa. Mutane su karɓi waya a hannuna, su tsallaka su gaishe shi, su tambaye shi jiki.

Kuna jira in ce zuciyata ta yi laushi. Ba ita ba ce. Ranar wata Talata na kunna odinata, na ji dis ɗina ya yi wani ɗan ƙara, ƙas, ƙas, ƙas, kamar ƙwaro cikin ƙwarya. Duk mai wannan sana'a ya san ƙarar nan. Dis in ya fara ta, kwanansa ƙidayayyu ne, yana iya yin wata, yana iya mutuwa kafin azahar. Ƙaryar da na yi ta zama gaskiya. Ba ni da wani dis, mai sayarwa sai Yamai, hanya kuma kun san yadda take. Duk Filinge wuri guda ne na san yana da sarari fanko da zai ɗauki abin nan. Na cire shi a hankali, na naɗe cikin hulata, na taka taku goma sha biyun nan.

Na ce, "Kunna taka."

Haruna ya dubi hular. Ya matsa mini a benci. Na jona da hannuna, don hannunsa har gobe bai kai nawa ba, na sa jiƙaƙƙen tsumma ƙarƙashin dis ɗin don kada ya yi zafi, na ce kada wanda ya taɓa teburin. Na fara da ƙananan dosiye, in ya tsaya in jira, in ya yi ƙara in ɗauke numfashi. Tun hantsi har bayan la'asar. Ya aika anka kawo shayi, munka sha. Da na ƙarshe ya tsallaka, dis ɗin ya ƙara kwana biyu ya mutu. Daga baya na samu sabon dis, na kwafo nawa daga wajensa.

Da ya zauna duba abin da ya samu, yana bin lambobin da yatsa, sai ya riƙa tsayawa. "Babu kokowar Tukunus ta shekarar fari." Ya ci gaba. "Babu matan Shikal masu daka. Su ukun duk sun rasu." Ya ci gaba. Abin da na tara bai kai kashi biyu cikin uku ba. Sauran ba wanda ya kawo mini su gogewa, suna can cikin wayoyin da sunka faɗa rijiya ko sunka tafi Libiya ba su dawo ba. Ya rufe odinata, ya ce, "Allah shi saka, Isuhu." Na rasa ko godiya ce ko mi.

Yanzu abin da ke teburinsa shi ke teburina, lamba da lamba. Odinata tawa ta fi tasa gudu, bafil ɗina sun fi nasa, ni ke gyara bakin caji, shi bai iya ba. Na ce to, yanzu sai mu gani.

Kwanan baya wata tsohuwa ta zo daga Luma, jikarta ta ba ta waya. Layin Haruna ya yi tsawo, ƙafafunta ba su iya tsayuwa, sai ta zauna bencina. Ta ce, "Ɗana, an ce kuna da gogen Arzika."

Na ce, "Inna, guda talatin da wani abu gare ni. Wacce kike so?"

Ta ce, "Wadda ya yi ranar armen yayata Hadiza, ranar da anka kai ta ɗakin miji. Ya ambaci sunan babanmu a ciki. Ni ina ƙarama, ina bayan zana ina leƙe."

Na buɗe dosiye. Lambobi ne kawai. Na sa ta fari, ta saurara, ta ce ba ita ba. Na sa ta biyu, na tsallaka tsakiya, ba ita ba. Ta shida, ta tara. Na ce, "Inna, wace shekara ce?" Ta ce shekarar da rijiyar gabas ta rufta. Ta ce, "Bari dai, ɗana, kada in ɓata maka kasuwa." Ta fara laluben sandarta.

Sai muryar Haruna daga can, ko kai bai ɗago ba, hannunsa na kan wayar wani. "Inna, ke ɗiyar Mainasara ce, na bakin marina?"

Ta juya da sauri. "Ni ce!"

Ya ce, "Isuhu, lamba ɗari da arba'in da bakwai. Ka wuce inda jaki ya yi kuka, bayan Baba Gado ya yi tari na biyu."

Na sa. Jaki ya yi kuka. Tsoho ya yi tari, ya sake. Sai gogen ya sassauta, Arzika ya kira Mainasara, ya kira gonarsa, ya kira dokinsa. Tsohuwar ta kama bakinta da gefen zane, ta zauna ba ta motsi har waƙar ta ƙare, ni kuma ban iya cewa ta tashi ba.

Na tura mata a waya, na sa mata ita a fuskar gilashi inda za ta taɓa sau ɗaya ta tashi, na kama yatsanta na koya mata har ta iya. Ta kwance bakin zane ta biya ni, ba ta rage ko dala ba. Sannan ta dogara sanda, ta tsallaka, ta ratsa layin, ta dafa kan Haruna da hannu biyu tana sa masa albarka, shi da ƴaƴansa da jikokin da bai samu ba tukuna.

Ni kuma na naɗe kabul, na ce, "Wa ke biye?"